Ƙafar Agwagwa da Hannun Jikata

Gwaggo ta rasu ranar Talata da hantsi, a gidanta na Karshi, tana zaune a kujerarta ta roba kusa da kejin kaji. Ba ta yi jinya ba. Maƙwabciyarta ce ta shigo aron rariya, ta tarar da ita kai a sunkuye, tocila a cinya. Allah ya jiƙanta.

Ina tashar Utako ina tuƙa tuwo aka kira ni. Na sauke tukunya, na ce wa mai shayin da ke gefena ya raba wa 'yan kamasho, na hau mota. Cunkoson Nyanya ya riƙe mu. Kafin in isa maza sun ɗauke ta.

Mutane iri biyu na tarar a gidan. Akwai masu manyan motoci daga Maitama, maza da mata masu furfura, waɗanda ta koyar a jami'a. Su Farfesa suke ce mata. Ɗaya daga cikinsu, ƙato mai babbar riga, ya zauna a kan bulo yana share ido da hula, yana gaya wa kowa yadda ta taɓa korarsa daga ɗakin bincike saboda ya shigo da man gyaɗa a hannu. Akwai kuma matan unguwa, waɗanda suka san ta da mai ƙwai. Suna ta tambayar juna wace ce wannan Farfesar da ake faɗa. Wata Bagwariya da ke sayar da doya a bakin kasuwa ta riƙe hannuna ta ce, "Mama ya tafi. Yanzu wa zai duba mana kaza in ya yi ciwo?"

A lungu, jikin bango, uwar mijin 'yata ce zaune. Ta fi kowa kuka. Abin ya ba ni mamaki, don na san irin maganar da ta taɓa gaya wa Gwaggo a gaban mutane.

Jikata tana cinyar uwarta, hannunta na dama a naɗe da bandeji har gwiwar hannu. Satin da ya wuce aka yi mata aiki a yatsu, ba a kwance ba tukuna. Babu wanda ya san abin da ke ƙarƙashin ƙyallen nan, ko yatsun za su motsa ko ba za su motsa ba. Gwaggo ce ta sa muka jira shekara biyu kafin a taɓa hannun. Ta tafi ba ta gani ba.

Masu motocin sun ce za su yi rubutu a kanta da Turanci. Su yi. Waccan Gwaggon ban san ta ba. Tawa zan faɗa, kada ta ɓace.

Ƙanwar babana ce. Ita kaɗai ta yi boko a gidanmu, ta yi nisa har muka daina sanin inda take. Ta koyar a jami'a, daga baya aikin gwamnati ya kawo ta Abuja. Ta yi aure, mijin ya rasu, Allah bai ba ta haihuwa ba. Da ta ajiye aiki ta sayar da motarta ta koma Karshi ta tara kaji da agwagi.

Ni kuwa 'yan bindiga ne suka kawo ni. Sun shiga garinmu sun kashe mijina da 'ya'yana maza biyu. Na iso ƙofar Gwaggo da zane ɗaya da yarinya ɗaya. Ta yi min gaisuwa sau ɗaya, ba ta ƙara ba. Washegari ta tambaye ni me na iya. Na ce tuwo. Ta shiga kasuwa ta dawo da tukunya da muciya ta ajiye a gabana. Da ta zauna tana yi min sannu kullum, da na mutu a ɗakin nan.

Tana da wani akwati mai ɗumi da take jera ƙwai a ciki, injin ƙyanƙyasa. In an ɗauke wuta, fanka ta tsaya, firji ya mutu, ko a jikinta. Akwatin nan take ta da wa janareta. Takan ɗauki ƙwai ta haska shi da tocila, ta kawo ɗan almakashi ta yanke ɓawon ta yi masa taga, ta leƙa da gilashi mai ƙara girman abu. Ni abin haushi yake ba ni. Na ce mata wannan ɓarnar abinci ce, ƙwan da za a soya wa yara. Ta ce in zo in leƙa kafin in yanke hukunci.

Na leƙa. A kan gwaiduwa akwai jijiyoyi ja kamar saiwar ciyawa, a tsakiya wani ɗigo yana bugawa. Babu baki, babu fiffike, babu ƙafa, amma zuciya ta kama aiki. Na daɗe ina kallo. Sai na ce to, na gani, me amfaninsa?

Ba ta ji haushi ba. Ta ce tambayar da ta ci mata rayuwa ke nan: yaya ƙwai ɗaya, ruwa da gwaiduwa, yake sanin inda zai sa ido da inda zai sa ƙafa? Ta ce jikin kaza da nawa duk ƙananan ƙwayoyi ne da ido ba ya gani, kuma kowace ƙwaya tana ɗauke da cikakken saƙon yadda ake gina jikin gaba ɗaya. Wadda ke cikin ido tana da saƙon yin hanta, wadda ke cikin hanta tana da na yin gashi. Na ce to me ya hana gashi fitowa a hanta? Ta tafa hannu, ta ce da ina ajinta da na wuce rabin masu digiri.

Ta ce in ɗauka kowace ƙwaya gida ce mai ɗakunan ajiya da yawa, kaya iri ɗaya a kowane gida. Amma a wannan gidan an buɗe ɗakin gero an kulle na wake, a wancan an buɗe na wake an kulle na gero. Maƙwabta kuma suna aika wa juna: ke buɗe kaza, ke rufe kaza, yanzu, ba gobe ba. Aikinta duk shekarun nan shi ne leƙen masu riƙe da makullan.

Daga nan maganar ta zame mata ta kullum. In budurwar kaza ta ƙi fara ƙwai, sai ta ce yana ciki, ba a buɗe ba ne. In mangwaron gidan ya ƙi fure, haka. Har ni ba ta bari ba. Wata rana ana hira kowa na dariya ni ina tsince shinkafa, ta nuna ni da baki ta ce wa 'yata, "Kin ga uwarki? Akwai dariya a cikinta, na san ta tana yarinya. Kullewa aka yi." Na ce ta bar ni. Ta ce ai ba ita ke riƙe da makullin ba.

'Yata ta yi aure nan Karshi, bayan kasuwa. Mijin direba ne, yana tuƙa wani oga a Maitama, sai ƙarshen mako yake dawowa. Uwarsa ce ke riƙe da gidan. Da 'yata ta haihu, mace, lafiyayya, sai ungozoma ta buɗe hannun jaririyar na dama ta nuna mana. Yatsan tsakiya da na kusa da ƙarami a haɗe suke tun daga tushe har kusa da farce, fata ɗaya ta lulluɓe su.

Kafin rana ta faɗi uwar miji ta gano dalili. Ta ce yarinyar nan da cikinta kullum tana gidan Gwaggo cikin agwagi, har naman agwagwa ta ci, ga shi ta haifo musu mai hannun agwagwa. Ta ce a danginsu ba a taɓa ganin haka ba. 'Yata tana ɗaki tana ji, ga jego ga kuka. Uwar miji ta ce abin mai sauƙi ne: ranar suna wanzami zai zo aski, sai ya sa aska ya raba su tun ƙashi bai yi ƙwari ba, kamar yadda ake ɗaure wa cindo yatsa da zare ya faɗi. Matan gidan duk suka ce haka ne. Ni ma ban ga aibin maganar ba a lokacin.

Ana gobe suna aka kira wanzamin ya zo ya duba. Dattijo ne mai natsuwa. Ya juya hannun, ya ce cindo kam ya ɗaure da yawa, amma wannan bai taɓa yi ba. Uwar miji ta ce aska ai aska ce. Ana cikin haka Gwaggo ta yi sallama, da sandarta, da kular abinci a hannu. Kowa ya ɗauka kunun jego ta kawo. Ta zauna a tabarma ta buɗe, sai ga ƙwai a naɗe cikin tawul.

Ta ce babu mai sa wa yarinyar nan aska a hannu. Uwar miji ta miƙe tsaye.

"Ke da ba ki taɓa haihuwa ba, me kika sani a kan jariri?"

Ni har na ajiye abin da ke hannuna, don in na tashi ba magana zan yi ba. Gwaggo ta ɗaga min sanda alamar in zauna.

"Gaskiya ne, Hajiya, ban haifa ba," in ji ta. "Ke ƙarshen abin kika gani. Ni farkonsa nake kallo tun kafin a yi miki aure. Sarkin aska, matso, kai ne mai ido."

Ta fasa ƙwai na farko, na kaza, ɗan kwanaki kaɗan a cikin akwati. Ta ba wanzami gilashi ta ce ya dubi ƙafar. Ya ce ba ƙafa ba ce, kamar bakin cokali ce. Ta fasa na agwagwa mai irin kwanakin, ta ce ya gaya mata bambancinsu. Ya daɗe yana dubawa, ya ce babu. Sai ta fasa wasu biyu da suka fi kwana. Na kazar yatsu sun rabu sarai. Na agwagwar fata tana nan tsakani.

Ta ce hannun kowa a gidan nan haka ya fara a cikin uwarsa, kamar bakin cokali, har na Hajiya, har na liman. Daga baya umarni ke zuwa wa ƙwayoyin naman da ke tsakanin yatsu, a ce aikinku ya ƙare, sai su mutu su janye, yatsu su rabu. A jikin agwagwa akwai wani saƙo da ke tare umarnin a hanya, don tana buƙatar fatar a ruwa. A hannun yarinyar nan umarnin ya isa ko'ina, lungu ɗaya ne ya rage. Kuma an gama wannan tun ciki bai fito ba, tun uwar ba ta gama tabbatar da tana ɗauke da shi ba. Ko agwagwa ta ci ko raƙumi, babu ruwan abincin.

Wanzami ya tambaye ta, to wa ke ba da umarnin? Ta ce Allah ne ya tsara, ita dai 'yar leƙe ce, ta ga kaɗan daga cikin 'yan aiken. Ya ce to me zai hana shi ƙarasa aikin da aska? Ta kama mayafinta ta lulluɓe yatsunta biyu da shi. Ta ce in ya tsaga nan, fatar ba za ta isa ta rufe gefe biyu ba, naman zai zauna a buɗe, tabo ya ja yatsun su lanƙwashe har abada. Wataƙila ma hanyar jini ɗaya suke rabawa, a yanke ta yatsa ya mutu. Ta ce ita ba likitar mutane ba ce, amma akwai masu wannan aikin a asibiti, suna ɗebo fata daga wani wuri su cike, kuma sai yarinya ta yi ƙwari.

Wanzami ya mai da askarsa cikin zabira. Uwar miji ta ce in shi ba zai yi ba akwai wani a Orozo. Aka kira azahar ana kan haka. Ta ɗauki buta ta zagaya bayan ɗaki, Gwaggo ta ɗauki wata ta bi ta. Sun ɗan jima. Da suka fito uwar miji ba ta dubi kowa ba, ta ce gobe a yi wa yarinya askin kai kawai. Daga ranar ban ƙara jin kalmar agwagwa a bakinta ba. Na ɗauka ƙwan ne suka yi aiki.

Jiran ne ya yi tsawo. Gwaggo ta kai su asibiti da kanta, likita ya ɗauki hoton hannun ya ce ƙasusuwan a rabe suke, fata ce kawai, a dawo in ta girma kaɗan. Yarinya ta yi rarrafe, ta yi tafiya. Gwaggo ƙawata take ce mata, takan zaunar da ita a cinya su haska ƙwai tare. Yaran unguwa kuwa suka sa mata suna, in ta fito sai su riƙa kukan agwagwa. Ranar da na ji da kunnena na tafi gidan Gwaggo a fusace. Na ce mata an jira ya isa, ita ba ta da abin yi sai zaman jiran ƙwai, shi ya sa take ganin kowa ma zai iya. Ta ce lokacinsa bai yi ba. Na ce kullum maganarta ke nan. Ta ce, "Ke in kika sauke tuwo bai nuna ba don masu ci suna ihu, wa zai dawo gobe?" Na fita ban yi mata sallama ba. Na yi wata biyu ban taka gidan ba. Duk Juma'a sai direban motar Karshi ya miƙo min ƙwai a leda, ya ce in ji tsohuwa, wai waɗannan ba ta fasa ba, in soya. A na ƙarshe na haƙura na je. Ba ta ta da maganar ba, ni ma haka.

Ranar aikin Gwaggo tana bakin ɗakin tiyata tun safe, da carbi da sandarta. Da aka fito da yarinya ta taɓa bandejin ta ce, "Ƙawata, in an kwance ki zo ki nuna min biyar." Ba a fi sati ba ta rasu.

Ranar sadakar uku, mutane sun ragu, ina wanke kwanuka a bayan gida, uwar miji ta zo ta tsuguna kusa da ni. Kullum da safa take yawo, ko ana zafi. Ta waiga, ta cire ta ƙafar hagu. Yatsa na biyu da na uku a haɗe suke.

Ta ce haka aka haife ta, haka babanta ma yake, kuma ko mijinta sai da suka shekara kafin ya lura. Ranar nan da ta zagaya alwala ta cire safa, ta ɗago kai ta ga Gwaggo tsaye tana kallon ƙafar. Ta ce ta jira a kira mata mutanen gida su zo su gani. Gwaggo ta tsuguna ta fara tata alwalar, ta ce mata a hankali irin wannan yakan bi jini, yakan tsallake ɗa ya fito a jika, yana cikin ɗan nata ba a buɗe ba ne. Sannan ta ce, "Ke ma ba ki ci agwagwa ba, Hajiya. Mai da safarki. Ni ban ga komai ba, ke kuma ki bar wa yarinya hannunta."

Na tsaya da kwano a hannu. Da ni na gani a ranar, da har kasuwar Karshi sai an ji. Gwaggo ta san haka, shi ya sa ko a watannin da nake fushi da ita ba ta gaya min ba. Uwar miji ta ce yanzu in na ga dama in faɗa, ta gaji da safa. Da izininta na sa wannan a nan. Na ce mata ta ɗauki soso ta taya ni, kwanukan da yawa.

Bayan sadakar bakwai muka koma asibiti, ni da 'yata da mijinta da uwarsa. Oga ya ba shi motar. Likita ya yanke bandejin a hankali, yarinya tana ta tsala ihu. Hannun ya fito a kumbure, ɗinki ya bi gefen yatsun a karkace, ga 'yar fatar da aka ɗebo ta fi sauran duhu. Ba kyan gani. Likita ya danna kan kowane yatsa ya ga jini ya dawo, ya ce madalla. Ya ce ta motsa. Ta ƙi, ta dunƙule hannun a ƙirji.

Uwar miji ta ɗaga nata hannun ta ware yatsu, ta ce, "Yi haka. Ina biyar ɗin da ƙawarki ta ce ki nuna mata?"

Yarinya ta dubi hannun kakarta, ta dubi nata. A hankali ta ware. Na tsakiya ya tafi gefe, ɗan'uwansa ya tafi nasa gefen. Ta daina kuka. Ta kawo yatsan hagu ta zura a tsakaninsu, ta fitar, ta sake zurawa. Sai ta ɗago ta ce min, "An buɗe."

Ban san lokacin da ta fito ba. Dariya na yi, mai ƙarfi, har ma'aikaciyar jinya ta leƙo. 'Yata ta saki baki tana kallona, don rabon da ta ji wannan tun muna garinmu.

Likita ya ce sai an riƙa motsa yatsun kullum, tabon kuma zai daɗe kafin ya kwanta. Yanzu da hannun take cin tuwo, tana ɓata riga. Kajin an raba wa matan unguwa, Bagwariyar nan ta ɗauki agwagin. Akwatin ƙwai ƙaton nan mai babbar riga ya zo ya roƙa, ya ce ɗalibansa za su leƙa. Na ce ya wanke hannu kafin ya taɓa. Tocilar tana wurin jikata.

Gwaggo tana maƙabartar Karshi, ta gefen gabas. Surukina ya ce kusa da wata bishiyar ɗorawa aka sa ta, ya kafa dutse don kada wurin ya ɓace. Can take kwance. Allah ya buɗe mata ƙofofin rahama, ya sa ta huta.